Malamin da ke naɗe lokaci: yadda za ki zaunar da shi a Sakkwato

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗaliba ce a nan Sakkwato, ina rubuta ƙagaggen labari a kan wani malami da aka ba ikon sarrafa lokaci. Na sa masa suna Sarkin Lokaci. Yana tsayar da rana, yana komawa baya ya gyara abin da ya ɓaci, kuma ba ya mutuwa. Na kai babi na huɗu na cije. Ban san yadda zan tsara rayuwarsa ba, balle abin da zai bari a bayansa, kuma yayata da ta karanta ta ce kamar jarumin fim ɗin waje aka naɗa wa rawani. Ina gyaran yake?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗiyata, yayarki ta faɗi gaskiya, ki gode mata, don ba kowane mai karatu ke da irin kunnenta ba. Abu uku kika ba malaminki, biyu daga ciki su suka riƙe miki alƙalami: komawa baya da rashin mutuwa. Wanda ba ya mutuwa ba ya barin gado, to me za ki zuba a babin ƙarshe? Wanda kuma zai iya komawa jiya, babu abin da zai same shi yau da zai sa gaban mai karatu ya faɗi. Ɗansa ya faɗa rijiya, sai ya koma ya rufe bakin rijiyar, shi ke nan an tashi.

Maganar ta ma wuce dabarar rubutu. Mai karatunki tun yana rarrafe ake zuba masa ƙissoshi a kunne, kuma ƙissoshin nan sun riga sun koya masa abin da lokaci ke yarda a yi da shi. As'habul Kahfi sun yi barci shekara 300 da ƙarin 9, suka farka suna gardamar ko yini ɗaya suka yi ko wani yanki na yini. Mutumin da ya wuce ta rusasshiyar alƙarya a aya ta 259 ta Baƙara, wanda mafi yawan malaman tafsiri suka ce Uzairu ne, an matar da shi shekara 100, aka tashe shi, aka ce ya dubi abincinsa da abin shansa, ba su canza ba, ya kuma dubi jakinsa da ya zama ƙasusuwa. Ki tsaya a nan ki duba da kyau, domin wannan darasin rubutu ne babba: wuri ɗaya, amma lokaci biyu, ɗaya a cikin akushi, ɗaya a jikin jaki. A fadar Annabi Sulaimanu, ifiritu ya ce zai kawo gadon sarauniyar Saba'u kafin a tashi daga zama, wanda ke da ilimi daga Littafi ya ce kafin ƙiftawar ido. Isra'i da Mi'iraji a dare guda aka yi su. Lailatul Ƙadari ta fi wata 1,000, wato shekara 83 da wata 4. Daga irin waɗannan ne sufaye suka samo kalmomin da suke amfani da su, naɗe ƙasa da naɗe zamani da shimfiɗa shi, har a ce wane ya yi a tsakanin Magariba da Lisha karatun da wani zai yi kwanaki bai gama ba.

A duk wannan babu wanda ya koma baya, ko mutum ɗaya. Ana naɗe lokaci, ana shimfiɗa shi, ana sa masa albarka, ana barci a tsallake shi, amma duk gaba ake yi. Inda aka roƙi komawa, a Suratul Mu'minun, mutum ne mutuwa ta zo masa yana cewa a mayar da shi ko ya aikata alheri cikin abin da ya bari, amsar da ya samu ita ce a'aha. Bahaushe ya taƙaita ta da cewa da-na-sani ƙeya ce. Saboda haka ki ƙwace wa malaminki jiya gaba ɗaya. Ki bar masa wani abu guda da ya ɓata tun yana matashi, wanda zai iya tsawaita yini saboda shi, zai iya tsallake shekara 40 don gudun sa, amma ba zai iya taɓa shi ba. Wannan ne ƙashin bayan littafinki.

In kuma kina son kafa hujja da kimiyya, ita ma nan ta tsaya. An tabbatar agogo biyu na iya saɓawa in gudunsu ko nisansu daga ƙasa ya bambanta. Agogon taurarin ɗan'adam na GPS yana rigan na ƙasa da wajen kashi 38 cikin miliyan na daƙiƙa a kowace rana, dole ake gyara lissafinsa. Wani ya riga wani isa gobe ke nan. Babu wanda aka auna ya sauka a jiya.

Tsayar da rana kuwa ki riƙe ta, amma ki dubi yadda ta zo mana. Buhari da Muslim sun ruwaito labarin wani Annabi da ya kusanci wata alƙarya wajen La'asar, ya ce da rana ke umartar ki aka yi, ni ma umarta ta aka yi, sannan ya roƙi Allah ya tsare ta, aka tsare ta har ya ci nasara. Ruwayar Imamu Ahmad ta ambace shi da suna, Yusha'u ɗan Nun. Bai ɗaga sanda ya ba rana umarni ba, roƙo ya yi, yana mai shaida cewa shi da ita duk bayi ne. Wannan ya kawo mu ga sunan da kika zaɓa. Malamin zaure da ya san hadisin ƙudusin nan da Allah yake cewa ɗan Adam na zagin zamani alhali Shi ne ke jujjuya dare da rana, in aka kira shi Sarkin Lokaci zai nemi tsari ya kori mai kiran. Ki bar sunan a bakin maroƙa da 'yan kasuwa, shi kuma ya rinƙa ƙin sa. Laƙabin malamai a nan daga unguwa yake fitowa, ko daga bishiyar da suke zama a ƙarƙashinta, ko daga wata ɗabi'a da aka san su da ita. Ni a wannan amsar zan kira shi Mai Awon Inuwa, kin ga dalilin nan gaba kaɗan.

Sai rayuwarsa. Da ni ne ke riƙe da alƙalamin, sai in haife shi wajen 1845, zamanin Sarkin Musulmi Aliyu Babba. Shehu Usmanu ya rasu tun 1817, Muhammadu Bello tun 1837, don haka yaron bai ga ko ɗayansu ba, amma ya taso cikin tsofaffin da suka gan su. Yana ɗan shekara 19 a 1864, shekarar da Nana Asma'u ta rasu, da kuma Abdulƙadir ɗan Tafa na Salame, jikan Shehu da ya yi zurfi a ilimin sufanci da falsafa. Ki bar waɗannan bayin Allah a nesa, kamar hasumiyar da ake hangowa. Kada ki sa musu magana a baki, kada ki ce sun yi abin da ba a rubuta sun yi ba, jikokinsu na nan cikin garin nan kuma suna karatu.

Zai fara da allo, ya sauke, ya shiga Ahalari da Ishmawi da Iziyya da Risala, in ya yi nisa ya kai Muhtasar. Ƙofar da za ta kai shi ga lokaci tana nan cikin babin lokutan salla. Wannan ilimin ba baƙo ba ne a Sakkwato. Lokacin da Baturen nan Kilafaton, wanda mutanen gari suka sani da Abdullahi, ya zo wurin Sarkin Musulmi Bello a 1824, ya nuna masa taswirar sararin sama, kuma shi da kansa ya rubuta cewa Bello ya san buruji duka da taurari da yawa da sunayensu na Larabci. To malamin malaminki na iya kasancewa cikin waɗanda suka ji wannan hira daga bakin wanda ya halarta.

Ga yadda ake awon. Tsawon mutum ƙafa bakwai ne da ƙafar kansa. Zai tsaya a fili, ya juya wa rana baya, ya lura da inda inuwar kansa ta ƙare, ya taka zuwa can diddige na taɓa yatsa, yana ƙirgawa. Da hantsi inuwa na raguwa, har ta kai inda ta daina raguwa, ta soma ƙaruwa ta ɓangaren gabas. Wannan ne zawali, Azahar ta shiga. Abin da ya rage na inuwa a daidai wannan gaɓar shi ne inuwar zawali, in aka ƙara masa ƙafa bakwai La'asar ta shiga. Inuwar zawalin ba ta zama wuri ɗaya. A Sakkwato, a tsakiyar hunturu, wajen ƙarshen Disamba, tana kai ƙafa biyar da 'yan kai tana kallon arewa, sai an ƙirga sha biyu kafin a ce La'asar. A watan Yuni ba ta fi ƙafa ɗaya da ɗan ƙari ba, kuma kudu take kallo. Sau biyu a shekara, wajen ƙarshen Afrilu da kuma bayan tsakiyar Agusta, rana na tsayawa daidai kan mutum, inuwa ta shige ƙarƙashin tafin ƙafa ta ɓace. Da ni ke rubutun, a wannan ranar ta Afrilu zan sa a fara buɗe masa, ƙasa na ƙuna, gari ya yi tsit, yaro ya duba ƙasa bai ga inuwarsa ba, ya tsaya jiran ta fito ta gabas, ta ƙi fitowa.

Ni kaina na taɓa sarrafa lokaci, sau ɗaya. Muna yara a zauren wani tsohon malami, ni ake aike in auno inuwa. Wata rana yunwa ta ci ni, ina son a tashi, sai na rinƙa ɗora diddige a kan yatsu ina taƙaita taku, na dawo na ce La'asar ta yi. Tsohon bai ɗago daga littafinsa ba. Ya dai karkata ido ya dubi inuwar katanga da ke ratsa bakin zaure, wadda ya yi shekaru yana kallonta, ya ce: "Kai ɗan nan, ƙafarka ta ƙanƙance yau? Koma ka sake." Irin wannan tsohon nake so ki ba yaronki, mutumin da ya san lokaci kamar yadda makiyayi ya san shanunsa.

Bayan inuwa sai taurari. Manzilolin wata 28 ne, malaman hisabi sun raba shekara a kansu, kowane tauraro kwana 13, sai Jabha mai 14, ya tashi 365. Manoma har gobe suna tambayar wane tauraro ake ciki, kuma sunaye irin Nasara da Ɗarfa da Jabha a tsakiyar damina ake jin su. Surayya ita ce Kaza da 'ya'yanta da ake nuna wa yara. Shekarar wata kuwa kwana 354 ce, tana gaza ta rana da wajen kwana 11, shi ya sa azumi ke zagaya bazara da damina da hunturu cikin shekara 33, shi ya sa kuma shekara 300 ta rana ke zama 309 ta wata. Malaminki yana riƙe da lissafin nan biyu a kansa, ɗaya na ibada, ɗaya na gona. Akwai kuma iyakar da zai rinƙa takawa kullum: a Muwaɗɗa akwai hadisin Hudaibiyya da ya raba wanda ya ce an yi mana ruwa da falalar Allah da wanda ya ce an yi mana ruwa saboda tauraro kaza. Ƙirga tauraro halal ne, jingina masa iko kuwa faɗawa rami ne, kuma mutanen da ke zuwa zaurensa da goro ba duka ke bambancewa ba.

Ƙaramin gyara kafin in wuce: kada kowa ya ce "ƙarfe uku" a babobin farko. Mutanen 1870 da asuba suke magana, da hantsi, da walaha, da rana tsaka, da La'asar sakaliya, da almuru, da talatainin dare. Kuma ki bar su su yi Sakkwatancinsu, su ce "mi ya faru", su ce "da munka iso".

Yanzu ga inda nake ganin littafinki zai fi kowane irinsa, in kin yi haƙuri da shi. Lokacin da Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya gaya wa sahabbai cewa kwanakin Dujal 40 ne, yini ɗaya kamar shekara, ɗaya kamar wata, ɗaya kamar mako, ba su tambayi yadda hakan zai yiwu ba. Tambayarsu ita ce, a yinin da yake kamar shekara, sallar yini ɗaya za ta ishe mu? Ya ce a'a, ku ƙaddara masa gwargwadonsa. Haka kwakwalwar mai karatunki take aiki. Ranar da Mai Awon Inuwa ya roƙi a tsare rana aka tsare, wanda zai fara shiga uku ladan ne, yana tsaye ya rasa ko ya kira Magariba. Sai mai azumi, leɓensa ya bushe. Sai majemi da ya shanya fatun jan akuya yana ganin suna ƙonewa, da mai tallar fura da nononta ya yi tsami, da matafiyin da ya taso daga Kware yana lissafin zai shiga gari da sanyin yamma. Duk yinin da aka tsawaita wa wani, wasu ne ke biyan kuɗinsa. Ki sa a kai ƙararsa gaban alƙali, kuma ki ba mai ƙarar hujja mai ƙarfi, domin akwai ta: aya ta 37 ta Tauba ta kira jinkirta wata mai alfarma da Larabawa ke yi, su ɗaga haramcin Muharram zuwa Safar don su samu damar yaƙi, ƙari a cikin kafirci. Mai ƙara zai ce wannan da wancan duk wasa ne da ƙidayar Allah. Masu kare shi za su ce shi roƙo ya yi, ba dabara ba. Wani malamin zai ce karama ce, wani ya ce sihiri, na uku ya ce talala ce ake yi masa. Kada ki raba musu gardamar. Ƙasar da Waziri Giɗaɗo ɗan Laima ya tattara karamomin Shehu a littafinsa Raudul Jinan, ita ce ƙasar da Shehun da kansa ya rubuta yana gargaɗin mutane cewa shi ba Mahadi ba ne. Yarda da karama da tsoron wuce gona da iri tare suka taso a nan, kuma masu karatunki na yau, 'yan ɗariƙa da 'yan Izala, kowa zai nemi kansa a cikin zauren alƙalin.

Bayan wannan shari'ar, ki shigar da shi halwa a 1900, yana da shekara 55, Sarkin Musulmi Abdurrahman na kan gado. A ganinsa kwana 40 zai yi. Ki fito da shi a 1940.

Ki lissafa abin da ya tsallake. Turawa sun ci Sakkwato a Giginya ranar 15 ga Maris 1903. Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya ya yi gabas da jama'a, an kashe shi a Burmi a watan Yulin shekarar. Satiru, wani ƙauye kusa da Sakkwato, ta yi wa Turawa tawaye a 1906 an shafe ta. Sarakuna biyar sun hau sun sauka tsakanin Abdurrahman da Abubakar na uku, wanda ya hau a 1938. Ya shiga kasuwa da wuri a jakarsa, ana ciniki da anini da kwabo mai huda da sisi da sule, mai goro na dariya yana kiran maƙwabta su zo su ga tsohon kuɗi, kamar dai yadda azurfar samarin kogo ta tona su. Amma kasuwa wasa ce a kan abin da zai tarar a gida, kuma a nan littattafan da ya karanta da bakinsa ne za su yi masa hukunci. A mazhabar Malikiyya, matar wanda ya ɓace tana kai ƙara, a bincika, a yanka mata shekara huɗu, ta yi takaba wata huɗu da kwana goma, ta yi aure in ta so. In mijin farko ya dawo bayan na biyu ya tare da ita, ta kuɓuce masa. Dukiyarsa kuwa ba a raba ta sai ya kai shekarun da irinsa ba ya wucewa, mafi shahara 70. Kin ga ke nan an raba gadonsa a 1915, littattafansa sun watsu gida uku. Ɗansa da aka haifa a 1870 yanzu tsoho ne ɗan shekara 70, gemu fari fat, uban kuwa furfura ba ta gama cin nasa ba. Ki rubuta gaisuwarsu a zaure. Wa zai durƙusa? Ɗan ne zai durƙusa, gwiwa na ƙara, jikoki na kallo ba su gane ba, ya ce "Baba, sannu da dawowa." Matar kuma tana wani gida a unguwar, ta haifi wasu 'ya'yan, in ma tana raye. Wannan babin kada ki yi masa gaggawa, kuma kada ki bar kowa ya yi dogon jawabi.

Sannan ki haɗa shi da agogo. Wani matashin malamin makarantar boko zai zaro agogon aljihu ya ce sha biyu ta yi, rana ta raba. Tsohon ya taka inuwarsa ya ce da saura. Kuma shi ke da gaskiya. Agogon Nijeriya an ɗaure shi ne a kan layin digiri 15 gabas, Sakkwato kuwa tana wajen digiri 5 da ɗan ƙari. Kowane digiri minti huɗu ne, don haka zawalin Sakkwato yana zuwa wajen 12:40, yakan sauko kusan 12:23 a farkon Nuwamba, ya haura kusan 12:53 a Fabrairu. Wannan lissafin ne ke sa mutanen Maiduguri shan ruwa da wajen rabin awa kafin mu, alhali agogonmu ɗaya. Mutumin da aka kai ƙara don ya taɓa yini guda zai tarar an ɗaure wa ƙasa duka lokaci ɗaya da takardar gwamna, kowa ya bi, babu wanda ya je wurin alƙali. Ki bar shi ya yi murmushi kawai.

Daga nan sai ya mutu, kamar kowa. Ki ba shi 'yan shekaru kaɗan, ki ɗauke shi da zazzaɓin damina, a ranar da bai zaɓa ba. Mai karatu da kansa zai tuna ayar da ta ce in ajali ya zo ba a jinkirta shi sa'a guda, ba sai kin rubuta masa ita ba.

Abin da malami ke bari a ƙasar nan sananne ne: almajirai, da takardu a gafaka, da kabari, da gardama. Ki raba su tsakanin mutanen da ba sa ga maciji da juna. Wani jika ya gaji kundin hatimai, ya buɗe zaure yana sayar wa 'yan kasuwa da masu neman sarauta sa'ar fita da sa'ar shiga, ya yi kuɗi, kuma shi ne zai fi kowa yaɗa sunan Sarkin Lokaci da kakansa ya ƙi. Wani almajiri marar baki ya gaji jadawalin inuwa, ƙafa nawa a wane wata, ya zauna shekaru yana daidaita shi da agogo, har ya zama 'yar takardar lokutan salla da ke manne a bangon masallacin unguwa, babu sunan kowa a jikinta. Ni kuwa wadda na fi so ita ce 'yarsa ko jikanyarsa, wadda ba a ba ta takarda ko ɗaya ba a rabon gado, amma ta haddace waƙar taurari da yake rerawa, tana koya wa mata a cikin gida irin yadda jajis, wato matan da ke jagorantar karatun 'Yan Taru, suka saba tun zamanin Nana Asma'u. Shekara 60 bayan haka wata tsohuwa a ƙauyen bakin gulbin Rima tana gaya wa jikanta kada ya yi shuka da ruwan farko, tauraron bai kama ba, ba ta ma san daga bakin wa maganar ta fito ba. Kabarin kuwa ki bar shi cikin shakka, wasu su ce nan ne, wasu su ce ai bai mutu ba, ya sake shiga halwa. Rashin mutuwar da kika so ba shi, a bakin mutane za ki ajiye ta.

Kina da wata dama da marubucin wani gari ba shi da ita. A nan garin ne ake jiran sanarwar ganin wata, daga fadar Sarkin Musulmi ake gaya wa Musulmin Nijeriya gobe ɗaya ga wata ce ko talatin. Daren 29 ga Sha'aban, mutane sun kasa kunne ga rediyo, wasu na kan tudu suna duban yamma, kowa na jiran a ce masa wace rana ce gobe. In kina neman inda za ki buɗe littafin ko ki rufe shi, ga wuri, kuma jikanyar jikanyarsa na iya kasancewa cikin masu kallon sama.

Kafin ki koma babi na huɗu, ki je Cibiyar Tarihi ta Waziri Junaidu ki roƙi a nuna miki tsofaffin takardu, ki ga yadda tawada ke cin takarda da yadda ake rubuta sharhi a gefe, don kundin malaminki ya yi kama da na gaske. Ki kuma sami tsohon ladan a unguwarku, ta hannun mahaifinki ko yayanki, ki tambaye shi yadda ake yi kafin agogo da lasifika su yawaita, musamman ranar da hazo ya rufe rana. Sannan ki cire takalmi ki fita tsakar gida da rana tsaka, kwana bakwai a jere, ki taka inuwarki ki rubuta abin da kika samu. Ki tafi da buta, ƙasar Afrilu ba ta da mutunci.